Christian Okoye: Mai jifan faifan da Najeriya ta bari a baya, Amurka ta miƙa masa ƙwallo

A lokacin da aka fitar da sunayen 'yan wasan da za su wakilci Najeriya a gasar Olamfik ta 1984 a birnin Los Angeles, babu sunan Christian Okoye a ciki. Matashin ɗan asalin Inugu yana can jihar Kalifoniya, tafiyar da ba ta kai awa guda a mota ba daga filin gasar, kuma shekara biyu ke nan yana atisayen jifan faifai domin wannan rana. Duk wanda ya taɓa aiki a ma'aikata ya san yadda takardar sunaye take. Wani ne ke zama a ofis ya rubuta, wani ya sa hannu, wanda aka tsallake kuwa sai dai ya ji a bakin mutane.

An haifi Okoye ranar 16 ga Agusta, 1961, saboda haka yana ɗan shekara biyar yaƙin basasa ya ɓarke a ƙasarsu. Ya tashi yana buga ƙwallon ƙafa irin wadda muka sani, daga baya ya koma wasannin guje-guje da jefe-jefe. A 1982 ya samu gurbin karatu a Jami'ar Azusa Pacific, inda abokinsa ɗan tsere Innocent Egbunike ya riga shi zuwa. Shi Egbunike ya je waccan gasa, har ya dawo da lambar tagulla a tseren miƙa sanda na mita 400 sau huɗu. Okoye kuwa ɓacin rai ya tura shi filin wani wasa da bai taɓa bugawa ba, yana ɗan shekara 23, shekarun da takwarorinsa Amurkawa ke kammala wasan jami'a.

Ƙwallon ƙafar Amurka sunanta kawai ƙwallon ƙafa; yawancinta da hannu ake yi. Kowane ɓangare mutum 11 ne, kuma ana ba masu riƙe da ƙwallo dama huɗu su matsa gaba yadi goma, in sun kasa su miƙa ta ga abokan hamayya. Aikin da aka ba Okoye shi ne a danƙa masa ƙwallon a ciki ya ruga da ita cikin tarin ƙarti. Galibin masu wannan aiki zilliya suke yi. Shi bai iya zilliya ba, kuma bai ga dalilin koyonta ba: nauyinsa ya kai kilo 115, ga shi da gudun ɗan tsere, sai ya riƙa bi ta kan duk wanda ya tare masa hanya.

Ƙungiyar Kansas City Chiefs ta ɗauke shi a zagaye na biyu na zaɓen sababbin 'yan wasa na 1987, shi ne mutum na 35 da aka kira. A kakarsa ta farko ya ci yadi 660. Ta biyu rauni ya rage masa ita. Sai 1989, da sabon mai horarwa Marty Schottenheimer ya zo da tsarin da ya dogara ga gudu da ƙwallo maimakon jefa ta. A kakar nan an miƙa wa Okoye ƙwallo sau 370, ya ci yadi 1,480, ya fi kowa a gasar NFL baki ɗaya, da ratar yadi goma kacal tsakaninsa da Barry Sanders na Detroit. Mutumin da shekara biyar a baya bai san ƙa'idodin wasan ba shi ne ya zama zakara. Laƙabinsa, Nigerian Nightmare, wato mugun mafarki daga Najeriya, ya shiga kowane gida mai kallon wasan.

Amma a sake duban adadin nan, 370. Ba ƙidayar gudu ba ce kawai, ƙidayar karo ce, domin kusan kowane gudu yana ƙarewa ne da mutum biyu ko uku sun faɗa masa, wani a ƙirji, wani a gwiwa. A ganina, a wannan kaka ce ƙungiyar ta ci riba da uwar kuɗi a lokaci guda. Salon da ya sa aka san shi, shi ne ya riƙa cin jikinsa, kuma babu mai horarwar da zai ce masa ya sassauta alhali salon yana kawo nasara.

A Satumban 1990, a wani wasan daren Litinin da aka nuna wa ƙasar baki ɗaya, Steve Atwater na Denver Broncos, wanda bai kai shi nauyi ba, ya yi karo da shi gaba da gaba ya mayar da shi baya. Har yau ana maimaita hoton, wasu ma na cewa daga nan ƙarshensa ya fara. Wannan magana ba ta yi masa adalci ba, tun da a 1991 ya sake zarce yadi 1,000, aka kuma zaɓe shi karo na biyu zuwa wasan fitattu na Pro Bowl. Gwiwa ce ta kayar da shi. A 1992 wasansa ya ragu ƙwarai, kuma bayan wannan kaka bai sake shiga fili ba.

Kaka shida ke nan, yadi 4,897, da kai ƙwallo bayan layin ƙarshe sau 40 ta hanyar gudu. Ya bar wasan yana da shekara 31 a matsayin wanda ya fi kowa yadin gudu a tarihin Chiefs, kafin Priest Holmes ya karɓe kambun bayan wasu shekaru. A 2000 ƙungiyar ta sa sunansa cikin jerin gwarazanta. Ya ci gaba da zama a Kalifoniya, inda ya kafa gidauniya mai ɗauke da sunansa, wadda ke shirya wa yara marasa galihu sansanonin koyon wasanni kyauta.