KWASKWARIMAR WASANNIN KWAMFUTA: YADDA MANAJA ƊAYA ZAI RIƘE WASANNI DA YAWA

A ranar 11 ga watan Nuwamba na shekarar 2021, kamfanin Bethesda na ƙasar Amurka ya yi bikin cikar wasansa mai suna Skyrim shekara 10 da fitowa, ya kuwa sabunta wasan don murna. Amma ga ɗimbin masu wasa a duniya, murna ta koma ciki, domin da gari ya waye sai suka tarar wasan ya ƙi buɗewa. Abin da ya faru shi ne, ƙare-ƙaren da suka ɗora wa wasan da hannunsu sun daina jituwa da sabon ginin. Wanda ya tsara kayansa tun farko bai sha wata wahala ba, wanda kuwa ya zuba su barkatai sai da ya rushe kome ya sake gini daga tushe.

Waɗannan ƙare-ƙare su ne Turawa ke kira mod, mu kuwa a nan sai mu kira su kwaskwarima. Ma'anarta ita ce gyara ko ƙari da wani mai sha'awa ya yi wa wasan da ba shi ya ƙirƙira ba. Wata kwaskwarimar tana ƙara wa hotunan wasa kyau, wata tana toshe kurakuran da kamfani ya bari, wata tana ƙara sabon gari ko sabon labari, wata kuma tana juya maganganun wasa zuwa wani harshe. Galibin masu yin wannan aiki 'yan sa-kai ne, kyauta suke bayarwa.

Kada mai karatu ya ɗauka aikin yara ne. Tun a shekarar 1993 kamfanin id Software ya tsara wasansa Doom yadda kowa zai iya ƙara masa filayen wasa. Wasan Counter-Strike, wanda har yau ake gasa a kansa, ya fara ne a 1999 a matsayin kwaskwarimar wasan Half-Life, a hannun wasu samari biyu, Minh Le da Jess Cliffe, kafin kamfanin Valve ya saye shi a shekarar 2000. Haka nan DotA ya fito ne daga cikin Warcraft III, ya haifi Dota 2 a 2013, wanda kuɗin kyautar gasarsa ta duniya ta 2021 ya haura dala miliyan 40. Babbar kasuwar wannan kaya kuwa ita ce Nexus Mods, wadda wani Bature ɗan Ingila mai suna Robin Scott ya kafa a 2001.

To, ina matsalar take? A da, in mutum ya sauko da kwaskwarima, sai ya kwashe fayilolinta ya zuba cikin jakar wasan da hannunsa. In guda biyu ce ko uku, babu laifi. Amma in ta kai hamsin, lalle sai an sami biyu da suke son taɓa fayil ɗaya, ta bayan ta danne ta farko, ba tare da mai kwamfutar ya sani ba. Ran da ya so cire ɗaya, ba zai iya tuna wane fayil ne nata ba, asalin fayil ɗin wasan kuma ya riga ya salwanta. Wannan kwamacala ce ta sa aka ƙirƙiro manhajar da ake kira manajan kwaskwarima. Aikinsa kamar na magatakarda ne: ya ajiye kowace kwaskwarima a ɗakinta, ya rubuta abin da ta taɓa, ya kuma mayar da kome yadda yake in an bukata.

MANYAN MANAJOJI BIYU

Biyu ne suka fi shahara, kuma abin sha'awa, mutum ɗaya ne ya aza harsashinsu. Wani masanin manhaja da aka fi sani da laƙabin Tannin shi ne ya fara rubuta Mod Organizer. A 2016 Nexus Mods suka ɗauke shi aiki don ya gina musu sabon manaja, wanda ya fito a 2018 da sunan Vortex. Tsohon aikin nasa kuwa wasu 'yan sa-kai suka ci gaba da shi, shi ne Mod Organizer 2.

Bambancinsu yana cikin dabarar aiki. Mod Organizer 2 ba ya zuba kome cikin jakar wasa. A duk lokacin da aka buɗe wasa ta cikinsa, sai ya shimfiɗa wa wasan wata jaka ta gizo, wasan ya ga kamar fayilolin suna nan, da an rufe kuma ta ɓace. Saboda haka dole ne kullum a buɗe wasan ta cikin manajan, in ba haka ba kwaskwarimar ba za ta bayyana ba. Ya fi ƙwarewa a wasannin Bethesda irin su Skyrim da Fallout 4, kuma kowane wasa ana buɗe masa sashensa dabam.

Vortex kuwa yana ajiye kayan a wata jaka ta musamman, sa'an nan ya ɗaura wa kowane fayil wata igiya zuwa jakar wasan, yadda fayil ɗaya zai bayyana a wuri biyu ba tare da ya ci wuri sau biyu ba. Da danna maɓalli ɗaya ana iya kwance igiyoyin duka, wasa ya koma yadda kamfani ya yi shi. Yana ɗaukar ɗaruruwan wasanni, don haka wanda yake da wasanni iri-iri, misali Skyrim da The Witcher 3 da Stardew Valley, shi zai fi masa sauƙi. Abin kiyayewa dai, kada a haɗa manajoji biyu a kan wasa ɗaya, domin ba a sarki biyu a gari ɗaya.

SHIRIN FARKO

Kafin a girka manaja, sai a duba inda wasannin suke. In suna cikin jakar Program Files, gara a matsar da su, domin Windows yana sa tsaro mai tsanani a wannan jaka, yakan hana manaja rubutu a ciki. Manhajar Steam tana ba da damar buɗe sabuwar ma'ajiyar wasanni a wani wuri. Bayan haka a buɗe kowane wasa sau ɗaya yana tsurarsa, don ya rubuta fayilolin saitinsa, manaja kuma ya iya gano shi.

Daga nan sai a ware jaka biyu. Ta farko ta kayan da aka sauko da su daga intanet, suna ƙunshe yadda suka zo. Wannan ana iya ajiye ta a kowane faifai, kuma kada a kuskura a share ta. A ƙasarmu inda data take da tsada, kwaskwarimar hotuna guda ɗaya kuma tana iya cin gigabait da dama, wanda ya adana wannan jaka ba zai sayi kaya ɗaya sau biyu ba. Ta biyu ita ce jakar da ake kwance kayan a cikinta. A Vortex wajibi ne wannan ta zauna a faifai ɗaya da wasan, domin igiyar nan da muka ambata ba ta tsallaka faifai. Nan ne masu wasanni da yawa suka fi tuntuɓe: in wasa ɗaya yana faifan C, wani yana D, to kowanne sai an ba shi jakarsa a faifansa. Kada kuma wasanni biyu su yi tarayya a jaka ɗaya.

Akwai wasannin da kwaskwarimarsu ba ta aiki sai da wata manhajar tallafi, kamar SKSE ga Skyrim, da SMAPI ga Stardew Valley. Ita za a fara girkawa, a kuma tabbata lambarta ta dace da lambar wasan.

WA ZAI RIGA WA?

Idan kwaskwarima biyu suka yi karo a kan fayil ɗaya, manaja zai nuna, amma hukunci yana hannun mai kwamfuta. A Mod Organizer 2, wadda take ƙasa a jerin ita ce mai rinjaye. A Vortex kuwa doka ake kafawa, a ce wannan ta biyo bayan waccan. Wasannin Bethesda suna da wani jeri na biyu, na fayilolin da wasa ke karantawa bi da bi, kuma akwai manhaja mai suna LOOT da ke jera su, wadda aka riga aka gina ta cikin Vortex. Wannan jeri yana da iyaka, kimanin 255, ko da yake sabon Skyrim da Fallout 4 suna karɓar ƙananan fayiloli har 4096 bayan wannan.

Sannu ba ta hana zuwa. A ɗora biyar, a buɗe wasa a gwada, sa'an nan a ƙara. Wanda ya ɗora ɗari a zama ɗaya, in wasa ya faɗi, ba zai san mai laifi ba. In hakan ta riga ta faru, sai a kashe rabi a gwada, a sake raba rabin da ke da matsala, har a kama ta. A riƙa karanta bayanin da mai kwaskwarima ya rubuta, domin a nan yake faɗin abin da aikinsa ke bukata da abin da ba ya jituwa da shi. Manajojin biyu suna kuma ba da damar tsara jeri fiye da ɗaya ga wasa ɗaya, kowanne da ajiyar wasansa, yadda wa da ƙane za su yi amfani da kwamfuta ɗaya ba tare da wani ya ɓata wa wani ba.

ABUBUWAN TSORO

Na farko shi ne sabuntawa. Abin da ya faru a 2021 ya maimaita kansa a watan Afrilu na 2024, sa'ad da aka sabunta Fallout 4, har masu gina babbar kwaskwarimar nan Fallout: London suka ɗage fitar da ita zuwa watan Yuli. Maganinsa shi ne a saita Steam kada ya sabunta wasa sai an buɗe shi ta cikinsa, a kuma jira masu kwaskwarima su gyara nasu.

Na biyu, ajiyar wasa. Wasu kwaskwarimomin suna barin sawunsu cikin ajiya, in aka cire su ana tsakiyar labari, aikin wata da watanni yana iya lalacewa. A riƙa kwafe ajiya zuwa wani faifai, musamman da yake wutar lantarki tana iya ɗaukewa manaja yana tsakiyar aiki.

Na uku, ɓarayi. A watan Yuni na 2023 an gano wata muguwar manhaja da aka yi wa laƙabi da Fractureiser, an cusa ta cikin kwaskwarimar Minecraft a dandalin CurseForge, tana satar kalmomin sirri. In har hakan ta faru a sananniyar kasuwa, ina ga kayan da aka tsinta a lungu? Haka kuma kada a shiga wasan da ake karawa da jama'a ta intanet da kwaskwarima, domin kamfanoni da yawa suna korar mai yin haka.

Duk wannan shiri bai wuce aikin yini ɗaya ba, amma amfaninsa na shekaru ne. Matashin da ya iya tsara jakunkuna, ya iya bin sawun kuskure har ya kamo shi, ya riga ya taka matakin farko na sana'ar manhaja. Tun da kuwa kwaskwarima tana iya juya harshen wasa, babu abin da zai hana 'ya'yanmu su sa jaruman waɗannan wasanni su yi magana da Hausa. Allah Ya ba mai rabo sa'a.