Hikimar Bula a Kan Gashi

Dukanmu mun san aikin da bula take yi wa farar riga. Idan riga ta soma komawa rawaya, mai wanki yakan tsoma ta cikin ruwan bula, ta fito fes. To, da wannan hikima ce matan Turai da Amurka suke gyara gashinsu.

Mace mai gashi ruwan ƙasa takan shafa masa maganin koɗar da launi don ya yi haske. Maganin ya fi saurin cinye baƙin da ke cikin gashi, sai ya bar ja da rawaya. Sannu a hankali kuma wanki da rana su ƙara fito da su, kai ya koma ja-ja kamar tagulla.

Maganin wannan shi ne wani sabulun ruwa mai ɗan rini a ciki. Shuɗi yana kashe ruwan goro, shunayya tana kashe rawaya, gama kishiyoyin juna ne a da'irar launuka, irin wadda Isaac Newton ya soma bugawa a 1704. Mai ruwan ƙasan gashi, galibi shuɗin ne nata. Akan wanke kai da shi sau ɗaya ko biyu a mako, a bar shi 'yan mintoci, sa'an nan a ɗauraye. In ya yi yawa, gashi ya dushe, ya bushe. Kuma launi kaɗai yake ɓoyewa, ba ya warkar da gashin da magani ya ƙona.

Muna roƙon malamanmu, ranar darasin launuka, su shiga aji da bula da tsohon farin ƙyalle. Gani ya kori ji.