Zagayen Tsofaffin Unguwannin Yahudawa a Turai da Darasinsa ga Ƙasar Rano da Kibiya

1.0 Gabatarwa

A biranen Turai da dama akwai wata al'ada ta ilimi wadda ta daɗe da kafuwa, watau a tara mutane kaɗan, ɗalibai ko baƙi, a haɗa su da ɗan jagora masani, ya bi da su lungu-lungu na wata tsohuwar unguwa a ƙafa, yana tsayawa yana bayani. Daga cikin unguwannin da aka fi yi wa irin wannan zagaye akwai waɗanda Yahudawa suka zauna a cikinsu ɗaruruwan shekaru. Manufar wannan maƙala ita ce ta bayyana yadda zagayen yake, sannan ta dubi abin da ya yi kama da shi a ƙasar Hausa, musamman a Rano da Kibiya, kudu da birnin Kano. Abin da ake son tabbatarwa shi ne, wuri ba ya ba da labarin kansa sai da mai faɗa. Inda gini na dutse ne, labari yana iya jiran mai faɗarsa. Inda kuwa gini na ƙasa ne, sau da yawa labarin yakan bi mai shi kabari.

2.0 Unguwannin Yahudawa a Turai

A shekarar 1516 hukumar birnin Venis na Italiya ta zartar da cewa dukan Yahudawan birnin su koma wani ɗan tsibiri inda a da ake narka tagulla. Daga sunan wannan maƙera ne aka fi danganta asalin kalmar "geto", wadda daga baya ta zama sunan duk wata unguwa da aka killace wasu mutane a cikinta bisa tilas. Ana rufe ƙofofin unguwar da dare, a buɗe da safe, har zuwa 1797 lokacin da sojojin Nafoliyon suka ci birnin suka cire ƙyamaren. Da yake fili ya yi kaɗan jama'a kuma na ƙaruwa, sai aka riƙa ɗora bene a kan bene, hawa shida ko bakwai, da rufi gajere. Majami'u biyar na unguwar, watau wuraren ibadarsu, yawancinsu a saman gidaje suke, baƙo yana iya wucewa bai san da su ba. Ɗan jagora ne zai ɗaga hannu ya nuna tagoginsu, ya kuma nuna ramukan da ke jikin dutsen mashiga inda ƙyamaren suke a da.

A birnin Firag na ƙasar Cek, unguwar da ake kira Josefov an rushe mafi yawanta tsakanin 1893 da 1913 da sunan gyaran gari. Abin da ya tsira shi ne majami'u kaɗan, ciki har da wadda aka gina wajen 1270, da kuma tsohuwar maƙabarta wadda aka daina binnewa a cikinta a 1787. Duwatsun kabari kusan 12,000 ne cunkushe a ɗan ƙaramin fili, domin da wuri ya cika sai a zubo ƙasa a binne wasu a kan wasu. A bangon majami'ar Pinkas kuwa an rubuta sunayen mutane fiye da 77,000 waɗanda 'yan Nazi suka hallaka a Yaƙin Duniya na Biyu.

Misali na uku shi ne unguwar Kazimierz a birnin Kirakof na Folan, inda aka mayar da Yahudawan birnin a 1495. Kafin 1939 sun kai kimanin 60,000, watau wajen rubu'in mutanen birnin, amma 'yan kaɗan ne suka tsira daga kisan ƙare-dangi. Unguwar ta zauna cikin lalacewa shekaru da yawa, sai bikin al'adun Yahudawa da aka fara a 1988, da wani fim da aka ɗauka a can a 1993, suka jawo mata 'yan yawon buɗe ido.

3.0 Aikin Ɗan Jagora

Idan aka lura da waɗannan misalai, za a ga ɗan jagora yana yin aiki iri uku. Na farko, yana ɗaura suna a kan wuri, ta yadda abin da ɗalibi ya karanta a littafi zai gan shi da idonsa. Na biyu, yana karanta ƙananan alamu waɗanda ido ba ya kula da su, kamar ramin ƙyaure ko gajartar rufi, ya fito da dalilinsu. Na uku, yana sa a auna tarihi da ƙafa. Wanda ya ƙetare geton Venis cikin 'yan mintoci ya fi wanda aka gaya wa da baki fahimtar ƙuncin da aka zauna a ciki.

Sai dai kuma al'adar tana da nata haɗari. Marubuciya Ruth Ellen Gruber, a wani littafi da ta wallafa a 2002, ta yi nazarin yadda ake raya al'adun Yahudawa a wuraren da Yahudawan kansu suka kusa ƙarewa, har ya zamana wasu ne ke magana da yawunsu, ana kuma sayar wa baƙi abin da suke son ji. Duk inda labari ya zama haja, to, ƙarin gishiri yana kusa.

4.0 Unguwannin Baƙi a Ƙasar Hausa

Biranen ƙasar Hausa ba su da unguwar Yahudawa irin ta Turai, amma suna da unguwannin baƙi masu dogon tarihi, kuma sunayensu ne babbar shaida. A cikin birnin Kano akwai Madabo ta malaman Wangarawa, da Tudun Nufawa, da Zangon Barebari, da Agadasawa, da Ayagi ta Yarabawa, da Alfindiki, wadda sunanta ya fito daga kalmar Larabci mai nufin masaukin fatake. Dandalin Turawa ma yana tuna mana cewa a tsohuwar Hausa "Bature" Balaraben arewacin Afirka ake nufi, tun kafin zuwan Ingilishi.

Hasali ma, tarihin Yahudawa bai yi wa Kano nisa kamar yadda ake zato ba. Wajen shekarar 1492, wadda a cikinta aka kori Yahudawa daga Andalus, Shehu Muhammadu bin Abdulkarim Almagili ya yi babbar jayayya da wasu malamai a kan matsayin Yahudawan Tuwat a hamadar Sahara, wadda ta ƙare da rushe majami'arsu ta Tamantit. Bayan haka ne ya yiwo kudu har ya iso Kano zamanin Sarki Muhammadu Rumfa (1463–1499). Unguwar Sharifai da shi take danganta asalinta. Ashe ke nan wanda ya tsaya a Sharifai yana bayani, zaren labarinsa yana kaiwa har ƙetaren hamada.

Amma wajibi ne a rarrabe tsakanin geto da zango. Geto doka ce ta kafa shi, da ƙofa da masu gadi. Unguwar baƙi a birnin Hausa kuwa ta taso ne daga al'adar masauki: falke ya sauka wurin fatoma ɗan garinsu, na baya su bi sawunsa, a yi auratayya, bayan 'yan zuriyoyi jikoki su zama Kanawa, suna kawai ya rage. Abin da ya fi kusa da killacewa ta doka shi ne Sabon Gari, wanda Turawan mulkin mallaka suka keɓe wa 'yan kudu a wajen ganuwa a farkon mulkinsu.

5.0 Rano da Kibiya

Idan birnin Kano ya sami masu rubuta tarihin unguwanninsa, garuruwan kudancinsa ba su sami irin wannan kulawa ba, alhali kuwa Rano ɗaya ce daga cikin Hausa Bakwai. A labarin Bayajida, Zamna Kogi ɗan Bawo ne ya kafa ta, har yau kuma ana yi wa sarkinta kirari da Autan Bawo. Labarin ya ce Kano da Rano su ne sarakunan baba, watau masu rini. Littafin Tarihin Kano, wanda Palmer ya fassara zuwa Ingilishi a 1908, ya ambaci cewa Sarkin Kano Yaji (1349–1385) ya kori Sarkin Rano daga Zamna Gaba, ya je Rano, ya zauna a Bunu shekara biyu, sannan ya koma Kur. Bayan jihadi Rano ta kasance a ƙarƙashin Kano, kuma a ƙarni na 19 tana cikin garuruwan da suka yi fama da hare-haren Ningawa. A 2019 aka ɗaga ta zuwa masarauta mai daraja ta ɗaya, aka soke wannan doka a 2024, sannan a cikin shekarar aka sake kafa ta da daraja ta biyu, ta ƙunshi Rano da Bunkure da Kibiya.

Duk wannan a takarda yake. Aikin ɗan jagora shi ne ya sauko da shi ƙasa, ya ɗauki sunaye irin su Zamna Gaba da Bunu da Kur ya kai su gaban dattawa, ya ji abin da kowa ya gada a kansu. Zagaye a garin Hausa irin Rano yana da tsarin da garin kansa ya shimfiɗa: a fara daga kan dutse inda ake hangen gari da gonaki, a sauko a bi layin ganuwa da gurabun ƙofofi, a shiga fada da masallacin Juma'a da kasuwa, a ƙare a unguwannin masu sana'a. Sunayen wurare ma suna da nasu bayani. Rurum Tsohon Gari da Rurum Sabon Gari a ƙasar Rano, alal misali, sunan kaɗai ya isa ya sa ɗalibi ya tambayi yaushe aka rabu, kuma don me. Haka Tarai da Durba da Ruwan Bago da Unguwar Gai a ƙasar Kibiya, kowane suna ƙofa ce ta bincike.

Alamun ƙasa su ne suka fi bukatar idon gwani. Kufai ba ya da allo a bakinsa. Ana gane shi ne da tarin kukoki a tsakiyar gona, da fasassun tukwane, da dutsen niƙa, da kashin maƙera. Tsohon karofi kuwa ana gane shi da bakin rijiyoyin da aka shafe da laso, da tudun katsi, watau dagwalon baba da ake kwashewa daga rijiya a ƙona, a haɗa da dafara da gashin jima a sake yin laso. Binciken digirin Philip Shea na 1975 ya nuna cewa a ƙarni na 19 ƙarfin sana'ar rini ta ƙasar Kano ba a birni kaɗai yake ba, yana cikin garuruwa da ƙauyukan kudu, irin su Kura. Saboda haka kowace rijiyar baba da aka cike aka yi gini a kanta ba tare da an rubuta ta ba, shaida ce ta ɓace daga tarihin "sarakunan baba".

Akwai kuma batun Maguzawa, waɗanda ƙasar Rano da Kibiya na cikin wuraren zamansu. Su ne suka fi kusa da matsayin tsirarun jama'a masu addini dabam, domin a zamanin daular Sakkwato an bar su da al'adarsu suna biyan jiziya. Galibi ba a cikin ganuwa suka zauna ba, sai a manyan gidajen gandu a karkara. Da yawansu sun karɓi Musulunci, wasu Kiristanci, kuma da wannan sauyi kalmomi da yawa na noma da bukukuwa da dangantaka suna fita daga bakin matasa. A nan ne gargaɗin Kirakof ya fi amfani. Jikokinsu suna nan da ransu, don haka bai kamata wani ya tsaya a ƙofar gidansu yana ba da labarinsu kamar kayan kallo ba. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Su ya kamata su zaɓi abin da za a faɗa, su kuma faɗe shi da bakinsu.

6.0 Kammalawa

An ga cewa abin da ya raya tsofaffin unguwannin Venis da Firag da Kirakof shi ne haɗuwar gini da rubutu da mai bayani. A Rano da Kibiya ginin na ƙasa ne, damina na cinsa, rubutun kuma kaɗan ne, saboda haka nauyin duka yana kan mai bayani, mai bayanin kuwa tsufa yake yi. Aikin ba ya bukatar kuɗi mai yawa. Malamin Hausa ko na tarihi a makarantar sakandare zai iya fita da ɗalibansa sau ɗaya a kowane zangon karatu, tare da mai unguwa da wani tsohon marini ko maƙeri, a bi hanya guda, a rubuta kowane suna yadda ake furta shi, da wanda ya faɗa, da ranar da aka faɗa. Inda ruwayoyi suka saɓa, a rubuta su duka, kada a zaɓi mai daɗi a yar da saura. Sassan Hausa da na tarihi na Jami'ar Bayero, da Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Kano, su ne suka dace su tattara abin da aka samo su adana. Idan aka yi haka shekaru kaɗan, ɗan jagoran da zai zo nan gaba zai tarar da abin dogara, ba sai ya ƙaga ba.