Naman kazan da ke tsirowa a kashin doki, da abin da ya shafi allurar ibamektin

A kudancin Ingila akwai wani makiyaya da ake kira New Forest, inda dubban ƙananan dawaki ke kiwo a sake, rani da damina, ba shinge. Kowane doki da mai shi, amma filin na kowa ne, bisa haƙƙin kiwo da mutanen wurin suka gada tun ɗaruruwan shekaru. A kan kashin dawakin nan ne wani ɗan naman kaza, dangin lemar kwaɗi, yake tsirowa. Masana na kiran shi Poronia punctata, kuma tun 1753 Linnaeus ya rubuta bayaninshi.

Kamanninshi kamar ƙusa da aka kafa cikin kashin. Kan fari ne, shimfiɗaɗɗe, da wuya faɗinshi ya wuce santimita ɗaya da rabi, da ɗigo-ɗigo baƙaƙe a sama, jijiyar kuma ta nutse ciki. Daga ɗigon nan yake harba ƙwayoyin irinshi kan ciyawa. Doki ya ci ciyawar, irin ya ratsa hanjinshi lafiya lau, ya fito da sabon kashi, ya tsira. In ba doki, ko jaki wani sa'in, zagayen ya yanke.

A da ana ganinshi ko'ina a Turai. Yau ya yi ƙaranci har Birtaniya ta sa shi cikin jerin halittun da ake ba kulawa ta musamman. Mota da tarakta sun maye gurbin doki, an zuba takin zamani da maganin ciyawa a makiyayai, dawakin da suka rage kuma suna cin abincin buhu a barga. Masana na zargin magungunan da ake ɗura wa dawaki su ma, na tsutsar ciki da na kashe ƙwayoyin cuta, domin saurarsu na fita cikin kashi. A New Forest dawakin na cin ciyawar daji da ba a zuba wa taki ba, ba a kuma yawan yi musu magani, shi ya sa abin ya tsira a can. Kiyaye shi bai buƙaci a kori bisashe ba. Barin su su yi kiwo shi ne kariyar.

Inda zancen ya taɓo mu shi ne kashin. Kashin dabba gida ne na halittu da yawa: buzuzu, tsutsar ƙuda, fumfuna iri-iri. Su ke farfasa shi, su binne shi, ya zama takin da ciyawa ke ci. A kan buzuzu kuwa magana ta wuce zargi. Tun 1987 bincike a Ingila ya nuna cewa kashin maruƙan da aka ba ibamektin kan daɗe bai ruɓe ba, saboda ƙwarin da ke aikin sun mutu ko sun kasa hayayyafa. Yawancin maganin ta kashi yake fita, da sauran ƙarfinshi, ya fi yawa a kwanakin farko, ya kuma ɗauki makwanni yana raguwa.

Ibamektin magani ne mai kyau, wanda ya taɓa ganin raƙumi ko akuya mai ƙazuwa ta warke ba zai musa ba. Abin da ba ni so shi ne yadda ake sayen shi a kasuwannin bisashe, a yi wa garke duka allura don a ce za su yi ƙiba. Hasarar kuɗi ce, tsutsa na sabawa da maganin, buzuzun makiyaya na shan kashi.

A ware dabbar da ke da alama, mai rama, zawo, farin ido ko ƙaiƙayi, ma'aikacin lafiyar dabbobi ya duba ta. Ga shanu, allurar mai ƙarfin kashi 1 cikin 100 mililita ɗaya ce ga kowane kilo 50, ƙarƙashin fata. Doki ba a yi mishi wannan allurar, nashi ta baki ake ba shi. In da hali, a tsare waɗanda aka yi wa magani a garke na ƴan kwanaki, a tara kashinsu wuri guda nesa da tabki da rijiya.