SAI AN GWADA AKAN SAN NA ƘWARAI

Damana ta kusa. Manoma sun fara sassabe da kai taki gona. Amma akwai aiki guda da mutane da yawa ke mantawa: gwajin iri.

A ƙasar Maraɗi da Damagaram da Tawa, damana gajera ce, wata 3 zuwa 4. Wanda shibkarsa ba ta fito ba, sai ya maimaita, alhali ruwan farko ya wuce. A farin 1973 da na 1984, gidaje da yawa sun cinye irinsu, suka koma sayen iri a kasuwa ba tare da sanin asalinsa ba. Irin wake kuwa, ƙwari suna huda shi tun cikin rumbu.

YADDA AKE GWAJI

Manomi ya ɗebi ƙwaya 100 na wake daga sama da tsakiya da ƙasan buhu. Kada ya zaɓi masu kyau kaɗai. Ya jera su bisa jiƙaƙƙen tsumma, ya naɗe, ya ajiye a inuwa. Kullum ya yayyafa ruwa. Bayan kwana 8 sai ya ƙirga waɗanda suka tsira.

Don mi ƙwaya 100? Don ƙwaya 5 na iya ruɗin mutum. Ko iri marar kyau ne, ana iya dace duka 5 su fito. Amma in an yi gwaji da yawa, dace ba ya ɓoye gaskiya.

LISSAFIN RAMI 1000

A ce ƙwaya 80 suka tsira cikin 100. Ke nan ɗaya cikin 5 matacciya ce. In aka saka ƙwaya ɗaya a kowane rami, cikin rami 1000 wajen 200 za su zauna wofi. In aka saka biyu, rami ba ya zama wofi sai in duka biyun sun mutu. Sai a raba 200 gida 5: saura 40. In aka saka uku, a sake raba 40 gida 5: saura 8 kawai.

A ce kuma ƙwaya 50 suka tsira. Rabin irin ke nan matacce. Da ƙwaya ɗaya, rami 500 wofi. Da biyu, 250. Da uku, 125. Da huɗu ma, sama da 60.

A duba da kyau. Ƙwaya biyu na iri mai kyau sun fi ƙwaya huɗu na iri marar kyau. Wanda ya sayi tiya biyu ta iri mai arha, ya fi wanda ya sayi tiya ɗaya mai kyau hasara.

Lissafin ba ya nuna wane rami ne zai fito. Wannan Allah kaɗai ya sani. Yawan giɓin da za a samu a gona yake nunawa.

Kuma lissafin na lafiyar iri ne kawai. In ruwa ya ɗauke bayan shibka, ƙwayoyin rami duka tare suke mutuwa, ko da 10 ne.

Wanda ya ga ƙasa da rabi suka tsira, ya nemi wani iri tun da wuri, ya kuma shawarci malamin gona. Ƙwaya 100 da tsohon tsumma ba su kai kuɗin goro ba, amma suna iya tsare abincin shekara.