Frederico de Freitas, Mai Tsara Kiɗan Silima na Ƙasar Fotugal

Galibi in an fito daga kallon silima, sunayen 'yan wasa a kan riƙe, ba safai a kan tambayi wanda ya tsara kiɗan da ya motsa zukatan 'yan kallo ba. Saboda haka yau za mu kawo wa masu karatu labarin wani gwani daga cikin masu wannan aiki, watau Frederico de Freitas, mutumin ƙasar Fotugal.

An haife shi a Lisbon, babban birnin ƙasar, cikin shekarar 1902. A can ya shiga babbar makarantar koyon kiɗa ta Gwamnati, ya koyi fiyano da goge irin na Turawa, da kuma yadda a ke rubuta kiɗa a takarda, yadda makaɗa masu yawa za su duba su buga tare ba da saɓani ba.

A zamanin nan silima ba ta magana, sai dai a ajiye makaɗa a gaban majigi suna bugawa. Cikin 1931 wani mai shirya wasa, Leitão de Barros, ya fito da A Severa, silima mai magana ta farko ta ƙasar Fotugal, Freitas kuwa shi ya tsara kiɗanta. Da ya ke ƙasar ba ta da na'urar ɗaukar murya tukuna, sai da a ka tafi Faransa a ka ɗauko.

Labarin na wata zabiya ne, Maria Severa, wadda ta zauna a Mouraria, unguwar talakawa a Lisbon, ta mutu cikin 1846 tana da ƙuruciya. Irin waƙarta a ke kira fado, waƙar bege da baƙin ciki, wadda a da manyan gari su ke ɗauka ta 'yan shaye-shaye ce. To, a nan ƙwarewar Freitas ta bayyana, gama bai raina kiɗan talakawa don ya yi makaranta ba, bai kuma lulluɓe shi da ƙa'idodin makaranta har masu shi su kasa gane abinsu ba. Waƙa guda da ya tsara wa silimar, Rua do Capelão, ta bi gari, daga baya shahararriyar zabiyar nan Amália Rodrigues ta riƙa rera ta.

Daga 1935 ya shiga aikin shugabancin makaɗa a gidan rediyon Gwamnati. Cikin 1940 ya kafa ƙungiyar mawaƙa ta Lisbon, ya kuma tsara wa 'yan rawan Verde Gaio kiɗa, yana ɗebowa daga raye-rayen ƙauye. Amma mu sani, Gwamnatin Salazar, wadda ta danne bakin jama'a, ita ta kafa Verde Gaio don ta nuna wa duniya ƙasar da kyakkyawar fuska. Makaɗi a lokacin bai da wata inuwa mai faɗi sai tata.

Freitas ya rasu a Lisbon cikin 1980. Cikin 2011 hukumar UNESCO ta sa fado cikin al'adun da ya kamata duniya ta kiyaye. Har yanzu a na rera Rua do Capelão a gidajen fado, da yawa cikin masu saurare kuwa suna zaton waƙar gado ce tun ta kaka da kakanni. A ganinmu wannan ya isa shaida cewa ilminsa ya yi amfani, ko da ya ke hakkinsa ne a riƙa ambaton sunansa tare da ita.