Miyar da ba ta san gishiri ba: abubuwan mamaki game da kiranberin Amurkawa

Ranar Alhamis ta huɗu a watan Nuwamba Amurkawa ke bikin da suke kira Ranar Godiya. Dangi su taru, a gasa ƙaton talotalo, a ci har a kasa tashi. A gefen farantin kowa kuma za ka ga wani jan abu mai sheƙi, cokali ɗaya ko biyu, wanda in babu shi to a wurinsu biki bai yi ba. Miyar kiranberi ke nan. Na ce miya ne don rashin wata kalma, amma ba ta san gishiri ba, ba ta san mai ba, balle daddawa. 'Ya'yan wani tsiro ne jajaye da sukari da ruwa, shi ke nan. Aikinta yanke maiƙon nama, kamar yadda ake matsa lemun tsami a kan kifi.

Duk cikin abincin wannan rana babu mai sauƙinta. Ƙullin 'ya'yan da ake sayarwa a kanti giram 340 ne, kowane ɗa bai wuce girman kurna mai tsoka ba. Uwargida ta zuba kofi ɗaya na ruwa da kofi ɗaya na sukari a tukunya, in ya tafasa ta juye 'ya'yan. Can sai ta ji fat! fat! kamar ana yin gugguru, suna fashewa ɗaya bayan ɗaya, kumfa ruwan hoda na tasowa. Minti goma an gama. A nan ne sabuwar hannu ke yin kuskure: ta leƙa ta ga abu tsululu, ta ce bai yi ba, ta ƙara wuta. Alhali sai ya huce yake kama jikinsa. Kiranberi na ɗauke da wani sinadari mai suna fektin, wanda in ya haɗu da tsami da sukari yakan daskare da kansa, ba sai an sa gari ko sitaci ba. Masu son ƙarin armashi kan kankare ɓawon lemu a ciki, ko su jefa kirfa da kanumfari da citta. Abu ɗaya da ake gudu shi ne tukunyar alminiyam, don tsamin kan ci jikinta ya ɓata ɗanɗano.

Ɗanyensa kuwa, Allah ya ba mai tauna haƙuri. Ga tsami mai kashe haƙori, ga bauri. Shi ya sa ƙalilan ne daga abin da ake nomawa ke isa kasuwa a ɗanye, sauran duk lemon kwalba ne da na gwangwani da busasshe mai sukari.

In ka yanka ɗa guda a tsakiya za ka ga ƙananan ɗakuna huɗu cike da iska. Wannan iskar ce ta haifar da rabin abubuwan mamakin kiranberi. Ita ce ke kumbura a tukunya har fata ta fashe. Ita ce kuma ke sa shi yawo a kan ruwa, kuma daga nan aka samu hoton nan da ya ruɗi duniya, na manoma tsaye cikin wani jan tafki, ruwa har cinya. Mutane da yawa sun ɗauka a ruwa yake fitowa kamar bado. Ko kusa. Yaɗo yake yi a ƙasa, a fadama mai yashi da tsami. Sai lokacin girbi, wajajen Satumba zuwa farkon Nuwamba, ake sako ruwa a malale gonar, wata na'ura ta bi tana kaɗa ruwan, 'ya'yan su tsinke su taso sama, a kora su gefe a zuƙe cikin mota. Waɗanda uwargida za ta saya ɗanyu don miyar gida ba sa shiga wannan wanka. Su a busasshiyar gona ake tsefe su da wata na'ura mai haƙora kamar mashaci, don wanda ya jiƙa ba ya daɗewa.

Lafiyayyen kiranberi tsalle yake yi kamar ƙwallo. Manoman jihar Niyu Jazi na ba da labarin wani John Webb, mai ƙafar katako, wanda ya yi noma a ƙarni na 19. Wai saukowa da kaya daga bene na ba shi wahala, sai ya riƙa juye su ta matakala. Ya lura masu kyau na tsalle har ƙasa, ruɓaɓɓu kuma na maƙalewa a hanya. Ko haka aka yi ko an ƙara gishiri, har yau akwai injinan tantancewa da ke aiki da wannan dabara: a sako 'ya'yan a kan katako, wanda ya tsallake shinge ya ci jarrabawa.

Sunan ma daga tsuntsu ya samo asali. Turawan farko sun ga furen, ya sunkuyo da ɗan tsini kamar kai da bakin tsuntsun nan dangin gauraka, sai suka laƙaba masa sunan da ke nufin 'ya'yan gauraka.

Wanda ya fara nomansa da gangan wani tsohon soja ne, Kyaftin Henry Hall, a garin Dennis na jihar Masacusets, a 1816. Ya lura inda iska ta kwaso yashi ta zuba a kan yaɗon daji, nan ne ya fi yin 'ya'ya. Shekara ɗari biyu ke nan ana bin sawunsa, ta hanyar da za ta ba manomin Hadeja dariya: da sanyi a cika gona da ruwa, saman ya daskare ya zama ƙanƙara, sai a hau kai da mota a baza yashi. In zafi ya zo ƙanƙara ta narke, yashin ya sauka a hankali ya kwanta a gindin shuka. Kuma ba a sake shuka kowace shekara. Akwai gonakin da yaɗonsu ya haura shekara ɗari yana ba da amfani.

Yanzu ga wadda ba ta yi wa Amurkawa daɗin ji. Walimar 1621 a Plymouth, wadda suke ɗauka a matsayin tushen bikin, babu wata shaida cewa an ci wannan miya a cikinta, kuma da wuya a ce an ci, don sukari a lokacin kayan masu hali ne. Su 'yan asalin ƙasar, ƙabilar Wampanoag, sun daɗe da sanin kiranberi, suna ci, suna rini da magani da shi. Har gobe reshensu da ke Aquinnah na ware Talata ta biyu a watan Oktoba don fita tsinkarsa a daji, yara ma a ɗaga musu makaranta. Sai a 1672 wani Bature mai suna John Josselyn ya rubuta cewa ana dafa shi da sukari a ci da nama. A 1677 kuma, da mutanen Masacusets suka ɓata wa Sarki Charles na Biyu rai saboda buga kuɗinsu na kansu, cikin gaisuwar ban haƙuri da suka aika masa Ingila har da ganga goma ta kiranberi. Littafin girki na Amelia Simmons na 1796 shi ma ya haɗa shi da talotalo.

Ganga ɗin nan ba ta mutu ba. Da ita ake auna amfanin gona har yau, kowace guda kimanin kilo 45, ko da yake babu mai zubawa a ganga yanzu.

Rigimar da ta fi daɗewa a gidajen Amurka ita ce tsakanin miyar gida da ta gwangwani. Wani lauya ne, Marcus Urann, ya ajiye aikin shari'a ya koma noma, ya fara dafa kiranberi yana rufewa a gwangwani a 1912, don a samu abin sayarwa bayan kaka ta wuce. A 1930 shi da John Makepeace da Elizabeth Lee suka kafa ƙungiyar manoman da aka sani da Ocean Spray. A 1941 daskararriyar miyar gwangwani ta bazu a faɗin ƙasar. In aka buɗe, sulluɓowa take yi gaba ɗaya, tana rawa, da zanen zobban gwangwanin a jikinta, sai a yanka ta fale-fale da wuƙa. Takardar jikin gwangwanin ma a kife ake manna ta da gangan, domin 'yar iskar da ke ciki ta tsaya a ɓangaren da ba a buɗewa, ta taimaka wajen turo abin waje. Akwai gidajen da uwargida za ta ɓata lokaci ta yi ta hannu da lemu da kirfa, wani kawu ya ture ya ce shi a kawo masa mai zobba. A ganina wannan ba batun ɗanɗano ba ne, sabo ne, kuma sabo turken wawa.

Shekarar da bikin ya kusa tashi babu miya ita ce 1959. Ranar 9 ga Nuwamba, saura kwana 17 a yi biki, sakataren lafiya Arthur Flemming ya sanar cewa an gano burbushin wani maganin kashe ciyawa a wasu kiranberin jihohin Oregon da Washington, kuma maganin ya haddasa sankara a jikin ɓerayen gwaji. Kasuwa ta rushe cikin kwanaki, kantuna suka kwashe kaya. 'Yan siyasa kuwa ba a barinsu a baya. Richard Nixon, mataimakin shugaban ƙasa, ya je Wiskonsin ya ci miyar har zubi huɗu a gaban jama'a, Sanata John Kennedy kuma ya kwankwaɗi ruwan kiranberi a jihar guda, dukansu suna hangen zaɓen 1960. A fadar shugaban ƙasa dai ba a yi wannan jarumta ba, miyar tuffa aka kai wa Shugaba Eisenhower. Daga baya gwamnati ta biya manoma diyyar miliyoyin daloli.

Wiskonsin ɗin ce ke noma fiye da rabin kiranberin Amurka a yau, Masacusets na biye, Kwibek ta Kanada ma ba baya ba ce. Wani ƙauyen Wiskonsin mai suna Warrens, wanda mutanensa ba su kai dubu ba, kan karɓi baƙi sama da dubu ɗari a bikin kiranberi na ƙarshen Satumba.

Miyar ta shiga har tarihin kiɗa. A ƙarshen waƙar ƙungiyar mawaƙan Beatles mai suna Strawberry Fields Forever ta 1967, John Lennon ya ambaci sunanta ƙasa-ƙasa. Wasu suka rantse wai cewa ya yi ya binne Paul, abokin waƙarsa, abin da ya ƙara rura jita-jitar cewa Paul McCartney ya mutu an sauya shi da wani. A gidan rediyon NPR kuma, Susan Stamberg ta shafe shekaru sama da hamsin tana karanta haɗin surukarta duk shekara: ɗanyen kiranberi da albasa da sukari da kirim mai tsami da wata saiwa mai yaji, a niƙa, ya fito ruwan hoda kamar maganin ciwon ciki.

Batun magani, bincike ya nuna kiranberi na iya rage yawan dawowar ciwon mafitsara ga matan da ke yawan fama da shi, amma ba ya warkar da wanda ya riga ya kama. Miyar da aka zuba wa kofin sukari kuwa, kada a yaudari kai.

Na ajiye mafi daɗi a ƙarshe. Kiranberi na son sanyi, ba ya yi a Filorida mai zafi. Sai mutanen can suka sami madadi, wata shuka mai jajayen ƙoƙuna masu tsami, suka sa mata suna kiranberin Filorida, suna dafa ta da sukari ranar biki. Yakuwa ce, zoɓon nan namu da ake lodawa a Kano da Maigatari zuwa Meziko. Launi ɗaya, tsami kusan ɗaya, shi ma yana da fektin ɗinsa. Uwargida, ki jiƙa zoɓo ya yi laushi, ki wanke yashin tas, ki yayyanka, ki dafa da ruwa kaɗan da sukari da citta har ya yi kauri, ki bar shi ya huce. Ki ajiye shi kusa da naman layya a Babbar Sallah, ki ga ko za a rage.